Sunan da Ba Na Faɗa

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Surukata, uwar maigidana, ta rasu wata ranar Talata da la'asar, a ɗakin ƙasa na gidanmu da ke Germantown a Amurka, hannunta cikin nawa.

Kafin magariba gida ya cika. Matanmu na nan kusa suka fara isowa, sai na Clinton, sai waɗanda suka taso tun daga Woodbridge suka sha cunkoson hanya, kowacce da kular abinci a hannu. Amma duk wadda ta shigo sai in ga ta ɗan tsaya a bakin ƙofa tana juya magana a baki, domin sun san tsohuwar Kirista ce, a kan addininta ta rayu, a kansa ta cika. "Ya haƙuri? Allah ya ba ku haƙuri," sai su haɗiye sauran. Wata 'yar Nijar mai sayar mana da turaren wuta ta manta ta ce, "Allah ya ji ƙanta," sai ta dafe baki ta dubi sauran. Ban ga laifin kowa ba. Ni kaina ba malama ba ce.

Matan cocinta kuwa babu wannan tsaye-tsayen. Suka shigo da manyan huluna da faranta, suka rungume ni har sai da haƙarƙarina ya yi ƙara, suka zauna a ɗaya gefen falon suna rera wata waƙa ƙasa-ƙasa. Sunanta sai yawo yake a bakunansu, wannan ta kama, waccan ta kama.

Sai Hajiya babba, wadda duk muke kira uwa a nan, ta zaro waya za ta rubuta sanarwa ga sauran jama'armu. Ta dube ni ta saman tabarau ta ce, "Wai ni kam, yaya ma sunan marigayiyar?"

Na sunkuyar da kai. 'Yata ta fari, Ummi, wadda ta taso daga jami'a da jin labarin, ita ta amsa da Turanci daga bayan kujera. Ta faɗi sunan, ta ƙara da cewa, "Sunanmu ɗaya da ita."

Hajiya ta ajiye wayar ta juya ga mata. "Kun gani ko? Shekara ashirin da ɗoriya a Amurka, kunya ba ta bar ta ba. Ko bayan rai ba za ta kama sunan suruka ba. 'Yar gidan mutunci ke nan. Allah ya yi miki albarka." Ɗaki ya ɗauka da amin.

Na tashi na shiga banɗaki, na buɗe famfo don kada a ji ni, na yi kuka har sai da kaina ya yi ciwo. Babu wanda ya san abin da yabon nan ya taɓa. Shi ne dalilin wannan rubutu.

Ranar da na fara ganinta, a gidanta na Clinton ne. Ni a lokacin ɗaliba ce mai karatun haɗa magunguna, ɗanta kuma ya daɗe da musulunta kafin mu haɗu, iyayena sun yi bincikensu sun amince. Na shiga da mayafina, na zube har ƙasa zan gaishe ta, yadda aka koya mini. Wallahi ban ankara ba sai na ji hannu ya finciko ni sama. Doguwa ce, baƙa, mai furfura a gaban goshi, tsohuwar malamar makaranta, ga ƙarfi.

"Tashi!" ta ce. "A gidan nan babu mai durƙusa wa kowa. An yi durƙuson da ya isa."

Na tsaya ina kallonta. Sai ta saki fuska, ta riƙe kafaɗuna, ta faɗi sunanta, sunan yanka fa, ta ce da shi zan riƙa kiranta.

Ni 'yasu! Uwar miji? Na ce a raina wannan mata so take ta kashe ni. Na ce, "To, Mama."

"Ina da masu ce mini Mama, biyu na haifa. Ke sunana nake so."

"To, Mama."

Ta yi dariya ranar. Ta ɗauka baƙunta ce, za ta wuce.

Ba a cin abinci a ɗakin cin abincin gidan. Teburin ya nutse a ƙarƙashin takardu, a kicin ake ci a tsaye ko a falo a kan cinya. A bango kuwa akwai wata doguwar farar takarda, daga ƙofa har taga, wadda ta manna tun mijinta yana da rai. Ɓangaren hagu ya yi baƙi da rubutu. Zuriyar Turawan da danginta ke ɗauke da sunansu ce. Ta bi su tun daga wani ƙauye a Ingila, daga mutumin da ya hau jirgin ruwa a zamanin da ƙasar nan take ƙarƙashin sarkin Ingila, ya samu fili a kudancin jihar Maryland ya shuka taba. 'Ya'yansa, matansu, wanda zazzaɓi ya kashe, wadda ta mutu wurin haihuwa, cocin da aka ɗaura wa kowa aure, babu wanda ya ɓace mata. Ɓangaren dama nata ne, kuma rabinsa fari fat.

Na taɓa tambayarta me ya sa take wahalar da kanta a kan mutanen da ba nata ba. Ta ce, "Idan kina neman bawa, sai kin bi ubangijinsa. Duk inda suka yi aure, duk inda suka mutu aka raba gado, nan ake raba mu. Na san su fiye da yadda jikokinsu suka san su, kuma ba don ina ƙaunarsu ba."

A can saman ɓangaren dama akwai suna guda ɗaya da ta rubuta da jan biro. A takardar rabon gadon jikan wancan Baturen ta same shi, tsakanin shanu da tukwanen ƙarfe. Mace ce. Ba uba, ba uwa, ba gari. Sunan kuwa shi ne nata, na surukata. Domin a danginsu, tun kafin kowa ya iya rubutu, kaka takan ba jikanyarta wannan suna, jikanyar ta tsufa ta ba tata. Da shi ta yi ta hawa, daga kaka zuwa kakar kaka, har ta isa ga matar da aka lissafa da tukwane.

"Sunan gidanmu na Bature ne," in ji ta. "Harshen da nake yi miki magana da shi nasa ne. Ba mu gaji gona ba, ba mu gaji gari ba. Wannan kaɗai muka tsira da shi."

Tana da wata tambaya da ba ta rabuwa da bakinta: "To, wa ya haifi wannan?" Likita ta yi masa, mai gyaran famfo ta yi masa, direban tasi ɗan Nijar da ya taɓa kai ta asibiti sai da ya lissafo mata kakanninsa kafin ta sauka. Duk Asabar takan cika jaka da burodi da lemo, ta tuƙa tsohuwar motarta zuwa ɗakunan ajiyar takardu na kotuna da tsofaffin makabartu, ta dawo idanunta jajur. Da ta yi ritaya har Ingila ta je, ƙauyen nan. Ta ce duwatsun kaburbura suna nan a jere, kowanne da sunansa raɗau. Wata tsohuwar Baturiya mai kula da cocin ta ji sunan gidansu, ta kama hannunta da murna ta ce, lallai kin dawo gida, ta haɗa mata shayi.

"Kika ce mata me, Mama?"

"Na shanye shayin. Ba shi ma da daɗi."

Da cikina na fari ya tsufa, mahaifiyata ta zo daga Kano don wankan jego. Tsofaffin biyu suka zauna a falo, ni ce tafinta. Ba a daɗe ba surukata ta jefo tambayarta. Mahaifiyata kuwa abin nema ya samu, ta gyara zama ta fara jero asalin gidanmu: malam wane ɗan malam wane ɗan alƙali wane, har zuwa wanda ya taso daga Barno da littattafansa a kan jaki. Surukata ta saki baki tana kallonta, idonta ya kawo ruwa. Ta ce duk wannan a ka? Na ce a ka.

"To, wa ya haifi wannan na ukun?"

Mahaifiyata ta faɗi ubansa.

"A'a, uwar nake tambaya."

Mahaifiyata ta yi dariya. "Yo wa yake ƙirga mata? Inna ake ce mata. Wadda ta biyo ta kuma Goggo. Ni surukaina ne, ina ni ina sanin sunansu?"

Cikin hotunan da ta zo da su akwai na wata tsohuwa zaune a bakin murhu. Surukata ta ɗora yatsa a kai. Mahaifiyata ta nuna ni ta ce, "Iya ce, ita ta reni baban wannan. Uwarta baiwar gidan ce, daga kudu aka kawo ta." Na so in tsallake, amma idon surukata yana kaina, sai na fassara yadda aka faɗa.

"Yaya sunanta?"

"Iya dai."

Surukata ta miƙe ta shiga kicin. Muna jin ta tana wanke kwanukan da na riga na wanke.

Na haifi mace. Surukata 'ya'ya maza kawai ta haifa, ƙanin maigidana kuma bai ajiye iyali ba, don haka wannan jaririya ita ce kaɗai hanyar da ta rage wa sunan. Ba ta roƙa ba, ba ta ko yi shaguɓe ba, amma duk wanda ya gan ta a satin nan ya san ba ta barci. Ni da maigidana muka yanke shawara a ba yarinya sunan. Suna ne da ke cikin littafinsu, yake kuma cikin namu, liman bai ko ɗaga gira ba. Da aka raɗa aka sanar, tsohuwar nan da ta hana ni durƙuso sai ga ta a zaune dirshan a kan kafet, ta rufe fuska da hannu biyu. Da yamma ta koma Clinton ta rubuta sunan a ƙasan takardarta da jan biro.

Ni kuwa a ganina na gama yi mata komai. A wurinmu wace girmamawa ce ta wuce a yi wa mutum takwara? Sai dai yarinya 'yar fari ce, ga ta kuma mai sunan suruka. Kunya biyu ta haɗu a kan mutum ɗaya. Tun ranar suna mahaifiyata ta ce, "Sai a riƙa ce mata Ummi." Shi ke nan. Na kira Ummi, babanta ya bi bakina, maƙwabta suka bi, da ta shiga makaranta aka tambayi sunan da ake kiranta da shi a gida, na ce Ummi. Ban taɓa zama na yi tunani a kai ba, kamar yadda ba na tunani kafin in ci abinci da dama.

Rigimar ta tashi ne a bikin cin talotalo da Amurkawa ke yi a ƙarshen shekara, yarinya tana 'yar shekara biyar ko shida. Muna gidan Clinton. Ummi tana wasa a bakin matakala, kakarta ta kira ta da sunan. Ba ta juyo ba. Ta sake kira da ƙarfi. Yarinya ta ci gaba da wasanta. Sai babanta ya ce, "Ummi, kakarki na magana," nan take ta taso da gudu.

Surukata ta ajiye cokali ta ce in same ta a kicin.

"Me na yi miki?" ta ce.

"Ni, Mama? Wallahi babu komai."

"Shekara nawa ina jira ki kira ni, na haƙura, na ce wata ƙasa ce, wata tarbiyya ce. Yanzu kuma kin ɗauki sunan kin ba yarinya, kin bi kin rufe shi. Ba ta ma san nata ba ne!"

"Girmamawa ce. A wurinmu wanda ake jin nauyinsa ba a kama sunansa."

"A wurinmu wanda ba a ɗauka mutum ba shi ne ba a kama sunansa. Uwata ta yi aikin wanke-wanke a gidajen Turawa a Washington har furfura ta rufe ta, 'ke yarinya' suke ce mata. A takarda na tsinto sunan nan, tsakanin shanu. Na fito da shi. Ke kin mayar da shi takarda."

Ni ma fa ina da zuciya, kowa ya san ni. Raina ya ɓaci. Na ce, "Haba Mama! Na bar ƙasata, na bar dangina, na ba 'yata ta fari sunanki ban ba ta na uwata ba, sannan a ce na yi laifi? So kike in tsaya a gaban mutane in kira ki gatsal kamar sa'ata? Idan labari ya je Kano cewa za a yi ba a haife ni ba. Bakina ba zai iya ba, ko an ɗora mini wuƙa."

"To je ki da bakinki," ta ce.

Na tattara yarana muka tafi, ko talotalon ban ci ba. Har gobe ban ce na yi laifi ba. Abin da aka ba ni a matsayin ladabi shi na miƙa mata, da hannu biyu. Ita ma ban ce ta yi laifi ba. Amma mun yi watanni ba ma magana sai ta bakin ɗanta, shi kuwa bawan Allah ya rame a tsakaninmu.

Abin da ya sasanta mu mutuwa ce. Mahaifiyata ta rasu a Kano ina da tsohon ciki, likita ya hana ni hawa jirgi, aka binne ta ina kallon bangon ɗakina. Washegari da hantsi na ji ana ƙwanƙwasa ƙofa. Surukata ce, riƙe da tukunyar ganye da kaza. Tun ranar da ɗanta ya musulunta ta sayi tukwane daban saboda shi, ba ta taɓa bari naman alade ya kusance su ba, ba kuma ta taɓa yin gori a kai ba. Ta yi wa yara wanka, ta share gida, ta zauna kusa da ni a kan darduma har la'asar, ita da gwiwoyinta ke ciwo. Da za ta tafi ta miƙo mini biro da 'yar takarda ta ce, "Ba sai kin faɗa ba. Rubuta mini sunan mahaifiyarki." Da na sake zuwa Clinton na tarar ta ja sabon reshe a bango, sunan uwata yana kai. A gefensa ta rubuta "Iya", ta bar fili a gaba.

Ba ta sake tayar da maganar ba. Ita kaɗai ta ci gaba da kiran jikarta da sunan, yarinyar ta saba tana amsa mata, ita kaɗai.

Sau ɗaya na raka ta gonar tabar. Yanzu ba gona ba ce, gidaje ne masu kyau a jere, da motoci a ƙofa. A bayansu akwai ɗan kurmi. Nan ne, a ƙarƙashin busassun ganye, wasu duwatsu suke a kakkafe, irin duwatsun da ake tsinta a gona, babu rubutu a kan ko ɗaya, kaburburan bayin gonar ke nan. Duk shekara idan ganye ya zuba takan je da tsintsiya ta share su. Ba ta san wanne ne na matar nan da aka lissafa da tukwane ba, ba ta ma da tabbacin tana cikinsu. Da ta gama shara sai ta miƙe tsaye ta ƙwala kiran sunan, ta saurara, ta sake ƙwalawa. Tsigar jikina ta tashi, domin ji na yi kamar mutum yana kiran kansa a makabarta. Wani kare ya yi haushi daga bayan katanga, muka koma mota.

Ciwon mantuwa ya fara mata da ƙananan abubuwa. Makulli a firiji, tukunya a kan wuta. Sai wata Asabar ta fita da motarta, 'yan sanda suka tsince ta a wani gari ba ta san inda za ta ba. Ƙanin maigidana ya kawo maganar gidan kula da tsofaffi, har ya samo mai kyau. Na ce tabɗi, ba dai ina numfashi ba. A kai uwar mijina gidan baƙi ina da ɗaki a ƙasa? Na rage kwanakin aikina, muka kwaso ta. Na ciro takardarta daga bangon Clinton a hankali, na manna mata a inda za ta riƙa gani daga gado.

Da fari takan tsaya a gabanta tana bi da yatsa. Daga baya sai ta riƙa tambayata, "Mutanen wa ne waɗannan? Suna da yawa." Turawan suka fara zubewa daga kanta, ban yi baƙin ciki ba. Sai mijinta ya tafi. Sai 'ya'yanta. Matar da ta san wanda ya haifi kowa, ta dubi ɗan da ta haifa ta ce masa sannu da zuwa, malam.

A watannin ƙarshe ta daina amsa kira. In ce "Mama", shiru. Ɗanta ya kira ta uwa da harshensu, shiru. Yara su ce kaka, ko gezau. Ta kuma daina cin abinci. In kawo cokali ta datse baki ta juya ga bango. Ta zube, wuyanta ya zama kamar na kaza. Likita ya ce idan aka ci gaba a haka sai dai a kwantar da ita a sa mata roba ta hanci, kuma masu irin ciwonta sukan fizge, sai an ɗaure musu hannu. A ɗaure ta! Matar da ta ce an yi durƙuson da ya isa.

Wata Lahadi wata ƙawarta ta coci ta zo dubiya. Tana shiga ta kira ta da sunanta, yadda suka saba tun suna 'yan mata. Sai na ga kan tsohuwa ya ɗago. Ta ci rabin ayaba a hannun matar. Na tsaya a bakin ƙofa na yi lissafi: a duk gidan nan babu mai kiranta da sunanta. Ɗanta ba ya yi, jikokinta ba sa yi, ni ba na yi. Abu ɗaya da ya rage mata a duniya, shi ne babu a gidan da na kawo ta.

Ƙawar ba za ta zo kullum ba, ita ma da sanda take tafiya. Maigidana ya gwada, amma muryar namiji tsoro take ba ta. Ummi tana jami'a a wata jiha. Saura ni.

Ranar Litinin da azahar, gida ba kowa, na dama kunun gyaɗa na shiga. Na rufe ƙofa, har da murɗa makulli, kamar mai shirin sata. Na zauna a bakin gado. Na ce "Mama", don in ba kaina dama ta ƙarshe. Tana kallon bango. Na buɗe baki, wallahi harshena ya yi nauyi kamar an ɗora masa dutse, ina jin muryar mahaifiyata a kunnena. Na dubi hannunta a kan bargo, duk jijiya, na tuna za a ɗaure shi.

Na faɗa. Da ƙyar ya fito, a shaƙe. Na sake faɗa da ƙarfi.

Ta juyo. Ta dube ni, fuskarta ta washe irin yadda ban taɓa gani ba, ta ce da wata 'yar siririyar murya, "Na'am, Mama."

Ta buɗe baki na ba ta kunu. Ta shanye kofin tas, tana kallona, tana cewa ba ita ta fasa farantin ba. Na ce na sani, ci abincinki.

Shekara ashirin da ɗoriya tana jiran ta ji sunan nan daga bakina. Ranar da ta ji, ba ta san ni ce ba. Wannan abu yana ci na, kuma zai ci gaba da ci na.

Daga ranar, duk lokacin abinci sai in rufe ƙofa in kira ta, ta amsa wa uwarta, ta ci. Ba a sa mata roba ba, ba a ɗaure ta ba. Maigidana ya yi ta mamakin yadda na shawo kanta, na ce masa kunun ne. Ranar Talatar ma da sunan na kira ta, ta matse hannuna, ba ta dai amsa ba.

To, Hajiya, ga 'yar gidan mutuncin da kika sa wa albarka. Na karɓi albarkar, ina bukatarta. Game da tsohuwar kuwa, Allah ya ga tukwanen da ta ware, ya ga zaman da ta yi a kan dardumata, ya ga duwatsun da ta share. Shi ya halicce ta, ya fi ni sanin ta, a hannunsa na bar ta.

Bayan an binne ta, baƙi sun watse, Ummi ta shiga ɗakin ƙasa tana naɗe kayan kakarta. Takardar tana nan a bango, ta ce ita za ta tafi da ita. Na tsaya a bakin ƙofa ina kallon bayanta, doguwa, kafaɗun nan iri ɗaya. Yanzu a duk duniya ita kaɗai ke ɗauke da sunan, wadda take kiranta da shi kuma ta tafi. Abinci yana kan tebur yana hucewa.

Na kira ta da sunanta.

Ba ta juyo ba. Ta ci gaba da naɗe rigar da ke hannunta.

Na sake kira. Hannunta ya tsaya cak. Ta ɗago a firgice, amma ba ni ta duba ba. Gadon ta duba.

"Ke nake kira," na ce. "Zo ki ci abinci."